Filin Tambaya da Amsa: Matar da ta shekara 24 tana tace fim ɗaya a Jamus

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da sake haɗuwa. A fitowar da ta wuce ina cikin amsa wata tambaya a kan aikin editin sai na jefa wata magana a gurguje, na ce akwai wata mata a Jamus ta Gabas da ta kwashe sama da shekara 20 tana tace hoton fim ɗaya, har ƙasar da ta ɗauke ta aiki ta rushe fim ɗin bai ƙare ba. To wallahi ban zaci maganar za ta ja hankali haka ba, saƙonni suka yi ta shigowa, shi ya sa na ce wannan karon bari mu ba ta filin gaba ɗaya.

Tambaya: Malam barka da aiki. Ni ɗan editin ne, ina da ɗan shago, bidiyon biki da waƙoƙi nake haɗawa, wani lokacin a kawo mun fim. Dan Allah wace ce matar nan, kuma wane irin fim ne za a ce an shekara 20 ana tace shi? Mu nan in aikin mutum ya yi sati 2 a hannunka ka dinga ganin kiransa kenan. Daga wani matashi a Kano.

Amsa: Ƙanena sannu da ƙoƙari, Allah ya sa wa sana'a albarka. Sunanta Barbara Junge, Jamusawa na furta shi kamar Yunge. An haife ta a 1943 a wani ƙaramin gari da ake kira Neunhofen a yankin Turingiya, yaƙin duniya na biyu na tsaka da ci, kafin ta isa shiga makaranta an riga an raba ƙasar, garinsu ya faɗo ɓangaren da sojojin Tarayyar Sobiyat ke riƙe da shi, wanda a 1949 ya zama Jamus ta Gabas mai bin tsarin gurguzu. Kuma ka san wani abu, ba fim ta karanta ba. Tafinta ce, Turanci da Rashanci ta yi a jami'ar Leipzig, lokacin ana ce mata Jami'ar Karl Marx. A 1969 ta kama aiki a DEFA.

DEFA ɗin nan shi ne kamfanin fim na gwamnati, an kafa shi ranar 17 ga Mayu 1946, kuma kusan duk fim ɗin silima da aka yi a ƙasar daga can ya fito. Babu maganar furodusa ya sayar da fili ya zuba kuɗi a fim kamar yadda muka saba, gwamnati ce mai kyamara, ita ce mai zaren fim, ita ce mai gidajen silima, darakta da mai ɗaukar hoto da mai tace hoto duk ma'aikata ne masu jiran albashin ƙarshen wata. A tsawon rayuwarsa kamfanin ya yi fina-finan labari wajen 700 da na gaskiya, wato dokumentari, da gajeru sama da 2,000. A ɓangaren dokumentari Barbara ta zauna, aikinta na farko shi ne shirya fina-finan a harsunan waje domin a fitar da su ƙetare. Ni a ganina nan ta fara samun kunnen sana'ar, don wanda ke bin fim jimla bayan jimla yana neman inda fassara za ta zauna daidai, dole ya gane inda magana ke numfashi da inda hoto ke buƙatar a yi masa shiru.

Shi kuma fim ɗin, wanda a gaskiya jerin fina-finai ne a kan mutane ɗaya, tun tana 'yar shekara 17 aka fara shi. A 1961, 'yan makonni bayan an fara gina katangar Berlin, wadda ta raba birnin tsakanin Gabas da Yamma, ranar 13 ga Agusta, wani dattijon masu dokumentari Karl Gass ya ba wani matashin darakta Winfried Junge shawarar ya samu aji ɗaya na yara 'yan shiga firamare ya dinga bin su da kyamara har su girma, a ga irin mutanen da gurguzu zai raina. Aka zaɓi Golzow, wani ƙauyen manoma a fadamar kogin Oder kusa da iyakar Poland, yankin da ya sha wuta sosai a watan Afrilu 1945 lokacin da sojojin Sobiyat ke turowa zuwa Berlin. Fim na farko minti 13 ne kacal, baƙi da fari, yara na wasa a cikin yashi sai ga su a benci suna koyon harafin farko. Aka koma a 1962, aka yi na 'yan shekara 11 a 1966, na 'yan shekara 14 a 1969, na jarrabawar fita a 1971. Haka dai har yaran suka yi aure suka haihu, wasu suka shiga soja, wasu gonar haɗin gwiwa ta ƙauyen, wasu suka bar garin. Sunan jerin gaba ɗaya Die Kinder von Golzow, wato Yaran Golzow.

To ka san duk fim ɗin da ya fita, abin da aka ɗauka ya ninka abin da aka nuna sau da yawa. Ragowar nan ta yi ta taruwa a gwangwanaye shekara da shekaru. A 1978 aka damƙa wa Barbara kula da wannan taska, ta san wane gwangwani ne ke ɗauke da wane yaro, a wace shekara, me ya faɗa. Shekara 5 ta yi a kan haka, a cikinsu ne aka fitar da babban fim na 1981 mai tsawon awa 4 da 'yan mintuna wanda ya bi rayuwar mutum 9 ɗaya bayan ɗaya, shi ne ya fitar da sunan Golzow a duniya. Daga 1983 ita ta karɓi teburin tace hoto, duk fim ɗin da Winfried ya yi daga nan hannunta ne, ita ce kuma matarsa. Daga farkon shekarun 1990 sunanta ya koma sama tare da nasa a matsayin darakta, har suka rufe aikin a 2007 da fina-finai 20 masu tsawon sama da awa 40.

Bari in ɗan nuna maka teburin nan tunda kai ɗan hannu ne. Babu kwamfuta, babu komawa baya da danna maɓalli. Teburi ne shimfiɗaɗɗe mai faranta da ake ɗora naɗin zaren fim a kai, hoto a zare ɗaya sauti a wani zaren daban, ga ɗan ƙaramin allo a gaba, ga wani mariƙi da ake murzawa fim ya yi gaba ko baya. Kafin a fara komai sai an daidaita baki da murya, ta lalubo hoton da allon nan mai ƙarar ƙwas da ake bugawa a gaban kyamara a farkon ɗauka ya rufe ta yi masa alama da fensir mai maiƙo, ta lalubo ƙwas ɗin a zaren sauti shi ma ta yi masa, sannan a ɗaure su tare. Daƙiƙa ɗaya hoto 24 ce, minti ɗaya na fim mai faɗin milimita 35 ya kai mita 27, gwangwani mai mita 300 minti 11 kawai yake ɗauka. Yankan gaske ake yi da reza a liƙe da salatif, kuma a kan kwafi ake yi, asalin negatif ɗin, wato zaren da ya fito daga kyamara, ba a taɓa shi sai an gama shawara, da farar safar hannu ake kama shi ana bin ƙananan lambobin da ke gefen zaren. Guntayen da aka yanke ana rataye su a ƙusoshi a saman wani kwando mai shimfiɗar yadi don kar su karce. In yau ta cire hoto 6 jibi darakta ya ce a mayar, to sai ta nemo wannan ɗan guntun da bai kai tsawon tafin hannu ba. Ka ga kenan wadda ba ta iya ajiya ba ba za ta iya aikin nan ba ko da ta fi kowa ido.

Wannan batun ajiyar yana taɓa ni ƙwarai. Ranar bikin ƙanwata mahaifinmu ya yi wa ango da amarya nasiha ta kusan minti 20, mai haɗa bidiyon ya ɗauki minti ɗaya ya sa, ban ga laifinsa ba don haka aikin yake. Bayan shekara 2 Allah ya yi wa tsohon rasuwa, na koma shagon neman cikakkiyar maganar, aka ce mun ai an goge tuni don wajen ajiya ya cika. Har yau in na tuna sai ƙirjina ya yi nauyi. Don haka ƙanena in da hali ka sayi faifan ajiya na kwamfuta na biyu, ka dinga rubuta suna da kwanan wata a kan komai, ka kuma tambayi mai aiki kafin ka goge.

Tambaya: Ni fa Malam ban gamsu ba. Ƙasar nan jam'iyya ɗaya ce ke mulki, ga 'yan leƙen asiri ko'ina, ga katanga ana harbe masu tsallakawa. Duk wanda ya yi fim a kamfanin gwamnati ai farfaganda ya yi, ita kuma mai tace hoton ita ce hannun da ke yanke gaskiyar. Me ya sa kake yabonta? Daga wata ɗaliba a Zariya.

Amsa: 'Yar uwa tambayarki ta yi, kuma ba zan kare gwamnatin nan ba ko kaɗan. Aƙalla mutum 140 suka rasa ransu a katangar Berlin tsakanin 1961 da 1989, kuma babu fim ɗin DEFA da ya isa ya nuna wannan a lokacin. Kin lura a Hausa kalma ɗaya muke amfani da ita, mai tace hoto da hukumar tace fina-finai, duk tacewa ce, rariya ɗaya ce sai dai wa ke riƙe da ita. A Jamus ta Gabas rariyar hawa-hawa ce. Tun kafin a ɗauki kyamara sai tsarin fim ɗin ya shiga jadawalin shekara na kamfani, zaren fim ɗin ma, wanda masana'antar ORWO ta garin Wolfen ke yi, a ƙidaye ake ba ka. In an gama haɗawa shugabannin situdiyo su zauna su kalla, daga nan a kai babban ofishin kula da fim da ke Ma'aikatar Al'adu, su ne masu ba da izinin nunawa. Suna iya cewa a cire kaza, a canza bayanin da ake karantawa a kan hoto, ko a kulle fim ɗin kwata-kwata. A watan Disamba 1965 kwamitin tsakiya na jam'iyya mai mulki, SED, ya yi wani zama da ake kira zama na 11, bayansa aka dakatar da fina-finan labari wajen 12, kusan aikin shekara guda kenan, yawancinsu ba a gan su ba sai 1989 da 1990. A ɓangaren dokumentari ma Jürgen Böttcher ya yi wani ɗan fim a 1961 a kan abokansa 3 masu zane, aka kulle shi sai 1988.

Kuma mafi muni ba ma ofishin ba ne. Jamusawa na da wata magana, almakashi a cikin kai, wato tun kafin wani ya ce ka cire kai da kanka ka san abin da ba zai wuce ba ka cire shi. Duk wadda ta zauna a teburin nan tana da nata almakashin, ba na cire Barbara a ciki. Fina-finan Golzow na farko in kin kalla za ki ji muryar mai bayani tana cike da fatan alheri ga tsarin, ga bikin rantsar da 'yan shekara 14 na gwamnati, ga ƙungiyar matasa ta jam'iyya, abin da aka tura su su nuno kenan kuma sun nuna.

Akwai ma inda aka mayar da tace hoto makami tsirara, kuma ya shafi Afirka. Wani Bajamushen Yamma Siegfried Müller, tsohon sojan Hitila, ya je Kwango a 1964 a matsayin sojan haya. Wasu 'yan Jamus ta Gabas biyu, Walter Heynowski da Gerhard Scheumann, suka zaunar da shi hira ba tare da sun gaya masa daga ina suke ba, yana shan giya yana murmushi yana ba da labarin aikinsa, a wajen haɗawa aka dinga saka hotunan gawarwakin 'yan Kwango a tsakanin murmushin nasa. Fim ɗin ya fita a 1966 ya girgiza mutane. Abin da ya nuna gaskiya ne, kuma na ji daɗi da aka tona shi, amma gaskiya ce da aka zaɓo domin ta soki abokin gaba, idon da ya hango Kwango ya kasa ganin katangar da ke bakin ƙofarsa.

To me ya sa duk da haka nake ganin girman aikin matar nan? Saboda dokumentari yana da wata ɗabi'a da fim ɗin labari ba shi da ita, mutumin da ke gaban kyamara ba ɗan wasa ba ne, ba ya bin rubutu. An so a nuna sabon ɗan Adam na gurguzu, sai rayuwa ta kawo auren da ya mutu, da saurayin da ya so wata sana'a aka tura shi wata, da gidan da babu, da gajiya a fuskar mutum ɗan shekara 25. A irin wannan fim ikon mai tace hoto yana cikin daƙiƙoƙi ne. An tambayi mutum ko yana jin daɗin aikinsa ya ce e, in ta yanke a kan e ɗin an samu farfaganda, in ta bar daƙiƙa 4 na bayansa inda ya sunkuyar da kai ya ja numfashi, ɗan kallo a Jamus ta Gabas ya gane komai, jami'in ofis kuma ba shi da jimlar da zai ja wa layi ya ce a cire. Mutanen ƙasar sun ƙware wajen karanta irin wannan shirun. Sannan abin da bai wuce ba ba a ƙona shi ba, gwangwani aka mayar da shi da lamba a jikinsa, ita ce kuma ta san inda yake. Ba na ce mata jaruma mai yaƙi da gwamnati ba, ba ta yi wannan ba, albashinsu ta ci har ƙarshe. Abin da na ce shi ne ta riƙe amanar mutanen da suka ba da rayuwarsu a ɗauka, kuma da ranar ta zo kayan na nan.

Tambaya: Ɗana, wannan abu da kake faɗa ya tuna mun da majigi da ake kawo mana a mota muna yara, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada a nuna mana noman gyaɗa da allurar rigakafi da manyan mutane. Shin irinsa ne? Daga wani dattijo a Katsina.

Amsa: Baba Allah ya ƙara lafiya da nisan kwana. Akwai kama sosai, don duka biyun hukuma ce ke yin fim ta kawo wa talaka abin da take so ya gani. Su nasu labarun mako-mako sunansa Der Augenzeuge, wato Ganau, an fara shi a watan Fabrairu 1946 aka rufe a ƙarshen 1980 bayan talabijin ta ƙwace masa kasuwa. A silima ake nuna shi kafin babban fim, gajerun dokumentari irin na Golzow na farko su ma haka ake saka su a gaba. Da aka fara yana da kirari mai kyau, kun gani da kanku, kun ji da kanku, ku yi hukunci da kanku. Ba a yi shekaru da yawa ba aka cire kirarin, lokacin da jam'iyya ta gama kama ragamar komai. A ɗakunan haɗa wannan labarun mako da yawa daga masu tace hoton DEFA suka samu gogewa, don aiki ne na sauri da ba ya jira. Baba in kuna tuna abubuwan da kuka gani a majigin nan dan Allah ku sa jikoki su ɗauki muryarku a waya, mu ma muna so.

Tambaya: Malam na ji ka ce mata, shin mata ne suka fi yawa a aikin? Nan wajenmu ban taɓa ganin mace a shagon editin ba. Daga wata 'yar uwa a Damagaram.

Amsa: Haka ne 'yar uwa, a DEFA ɗakin tace hoto kusan na mata ne, sunan aikin ma da sigar mace aka fi jin sa, Schnittmeisterin, wato gwanar yanka. Tun zamanin fim marar magana a Turai da Amurka ake ɗaukar mata a wannan ɓangaren don ana masa kallon aikin hannu mai kama da ɗinki, a yanka a haɗa, sai daga baya aka farga ashe nan ne ake gina labarin. A Jamus ta Gabas kuma ga ƙarin dalili, gwamnati na buƙatar hannun kowa, zuwa ƙarshen shekarun 1980 kusan mace 9 cikin 10 masu shekarun aiki tana aiki ko karatu, ga gidajen rainon yara na gwamnati, ga aiki na dindindin da ba a korar mutum haka kawai. Mace na iya shekara 30 a teburi ɗaya tana ƙwarewa, akwai kuma makarantar fim a Babelsberg, kusa da Berlin, tun 1954. Amma kar ki ɗauka adalci ya cika, kujerar darakta maza suka fi riƙewa nesa ba kusa ba, musamman a fim ɗin labari. Sunan darakta ake bugawa a jarida, shi ke zuwa bikin fina-finai na Leipzig ya karɓi kyautar kurciya, ita kuma sunanta na can cikin rubutun da ke wucewa mutane na tashi. Ko Barbara sai da ta shekara wajen 10 tana haɗa fina-finan kafin a rubuta ta a matsayin darakta. Wani fim da zan so ki nema shi ne Winter adé na 1988, Helke Misselwitz ta zaga ƙasar a jirgin ƙasa tana hira da mata a kan aure da aiki da wahalarsu, Gudrun Plenert ta tace shi, kuma matan sun faɗi abubuwan da ba a saba ji a allon ƙasar ba. In kina da sha'awar sana'ar ki fara da wayarki, ba ƙarfin damtse take so ba.

Tambaya: To da katangar ta faɗi yaya suka ƙare, ita da sauran ma'aikatan? Mutum 3 suka aiko da wannan.

Amsa: Da farko kamar an buɗe tukunya ne. A watan Oktoba 1989 ana zanga-zangar ranar Litinin a Leipzig, ta ranar 9 ga wata mutum wajen 70,000 suka fito, wasu matasan DEFA suka ɗauki kyamara suka shiga cikin jama'a, aka haɗa fim ɗin cikin 'yan makonni aka nuna shi a bikin Leipzig na watan Nuwamba, babu wanda ya tsaya jiran izini irin na da. Katanga ta buɗe ranar 9 ga Nuwamba, ƙasar ta haɗe da ta Yamma ranar 3 ga Oktoba 1990. Daga nan sai ɗaya gefen ya bayyana. Hukumar Treuhand da aka ɗora wa sayar da kadarorin gwamnati ta sayar da babban situdiyon DEFA na Babelsberg ga wani kamfanin Faransa a 1992, ɓangaren dokumentari ya watse, ɗimbin ma'aikata suka rasa aiki. Ku duba mace 'yar shekara 50 da ba ta taɓa neman aiki ba a rayuwarta, yanzu an ce ta dinga bin furodusa fim bayan fim, ga shi a daidai shekarun nan kwamfuta ta fara ture teburin da ta ƙware a kai. Wasu sun jure sun ci gaba da aiki da daraktocinsu na da, da yawa kuma daga nan suka bar sana'ar.

Su Barbara da mijinta sai da suka koma neman kuɗi wajen gidajen talabijin da asusun tallafin fim, amma suna da abin da babu mai shi, shekara 30 na rayuwar mutane a gwangwani. Abu na farko da suka fitar a 1993 fim ne na sama da awa 4 a kan yadda aka yi fim ɗin kansa, suka juyo da kyamara kansu da DEFA. Wannan ya burge ni, don da sauƙi su ce mu dama can mun san komai, ba su yi haka ba, tsofaffin hotunan da tsohuwar muryar duk suka bari a gani. Daga 1994 zuwa 2002 kuma suka yi fina-finai 8, kowanne mutum ɗaya tun daga benci har zuwa shekarunsa na 40, a nan ne aikinta ya fito fili, ta ɗauko maganar da yaro ya yi yana ɗan shekara 11 ta ajiye kusa da fuskarsa ranar da aikinsa ya tafi bayan haɗewar ƙasa, tsakaninsu shekara 25 amma a allo ƙiftawar ido ce. Ɗaya daga cikin 'yan matan ajin ta rasu da ƙuruciya, aka ci gaba da bin ɗanta. Ba kowa ne ya ji daɗin kyamarar ba fa, wasu sun janye, kuma ko a sunayen fina-finan ba a ɓoye wannan ba, na wata mata sunansa Ina ruwanku da rayuwata, na wata kuma To ga rayuwata nan. Mutum 18 aka bi labarinsu kafin a rufe a 2007.

Fina-finan da aka yi zamanin DEFA yanzu suna hannun wata gidauniya da aka kafa a 1998, a Golzow kuma akwai ɗan gidan tarihi na fim ɗin. Ƙauyen ya ragu sosai, matasa sun tafi birni neman aiki, mutanensa ba su kai 1,000 ba. A 2015 yaran da za su shiga aji ɗaya ba su kai adadin da hukuma ke buƙata ba har ana fargabar makarantar, sai magajin garin ya nemi a kawo musu iyalan 'yan gudun hijira daga Siriya masu ƙananan yara. Aka kawo su aka ba su gidaje, yaransu suka cike ajin, aka buɗe aji ɗaya a makarantar da aka fara ɗaukar fim ɗin shekara 54 kafin nan.